Mu Mayar da Gafaka Kafaɗar Mai Karatu

A zauren gidanmu na Roni har yau gafakar kakana tana rataye a ƙusa. Ja ce, amma inda hannu ke kama ta ya yi duhu yana sheƙi, maratayinta kuma sau biyu ana ɗinke shi. Ka buɗe ta, ƙamshin jima ne zai fara tarbarka, sannan Alƙur'ani rubutun hannu, warƙa-warƙa a cikin tadarishi. Mutum uku sun yi karatu da ita, ba ta gaji ba.

A da, jaka ce ke gabatar da mai ita. Gafaka ta malami ce da gardi, zabira ta wanzami ce da askarsa da ƙahonsa, burgami na maharbi. Kowacce ta bi hannu da yawa kafin ta hau kafaɗa: majemi ya jeme fatar akuya da bagaruwa, a rina ta ja da karan dafi, baduku ya yanka ya ɗinka. Irin wannan fata ta jar akuyar Sakkwato ce ayari ke ƙetara Sahara da ita, har Turawa suka riƙa kiranta fatar Maroko.

Yanzu fa? Daga Kazaure zuwa Babura, yaro zai tafi makarantar allo da izunsa a leda, ko a jakar roba da zif ɗinta ba ya kai wata sallar. Gafaka kuwa sai ranar bikin al'ada a makarantar boko, a rataya wa yaro ita babu komai a ciki, a ɗauki hoto, a mayar akwati. Wannan ne ke ci mini rai. Hoto ba ya ciyar da baduku, kuma ɗan baduku ba zai koyi sana'ar da ba ta ciyar da ubansa ba.

Na yarda jakar roba ta fi araha ranar saye. Amma a lissafa guda nawa za a saya kafin gafaka ɗaya ta tsufa.

Shawarata ga iyaye da malaman tsangaya ita ce, duk yaron da ya sauke Alƙur'ani, kyautarsa ta walima ta zama gafaka ɗinkin hannu. In babu baduku a kusa, Kasuwar Kurmi a Kano ba nisa. Ni dai na ba da aikin ta ɗana tun yana izu arba'in, na ce a yi mata maratayi mai kauri irin na kakana.