Wakilin Alƙali a Rikicin Iyakar Gona: Nazari a Kan Haddin Aikinsa

A ƙananan hukumomi biyar na masarautar Daura, wato Daura, Ɓaure, Mai'aduwa, Sandamu da Zango, iyakar gona ba kasafai take a rubuce ba. Layin gamba ne, ko tsohuwar bishiya, ko turbar da dattawa suka sani. Idan gamba ta mutu, dattawan kuma suka ƙaura, sai husuma ta tashi. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta bar shari'o'in filayen karkara da ake riƙe da su bisa al'ada ga ƙananan kotuna, kuma alƙali ba zai iya taka kowace gona da ƙafarsa ba. Saboda haka yakan tura wakili, tare da mai unguwa ko dagaci, su dubo. Tura wakilin ba abin zargi ba ne. Abin dubawa shi ne matsayin da ake ba wa rahotonsa.

Fiƙihun Malikiyya ya daɗe da sanin wannan aiki. Al-Ƙarafi (ya rasu 684 H) ya buɗe littafinsa Al-Furuƙ da bambanta shaida da ruwaya, ya kuma tattauna waɗanda aikinsu ya faɗo tsakanin biyun, irin su mai rabo da mai ƙiyasta kima da tafinta. Halil (ya rasu 776 H) ya bayyana a Muhtasar cewa mai rabo guda ɗaya ya isa, amma mai ƙiyasta kima guda ɗaya bai isa ba. Wakilin da aka tura iyakar gona yakan haɗa ayyuka uku a tafiya ɗaya: ya auna, ya saurari maƙwabta, ya kuma rinjayar da wani ɓangare. Na farko aikin ƙwararre ne, na biyu ɗaukar shaida ne, na uku kuwa hukunci ne, wanda ba shi aka naɗa dominsa ba. Duk alƙalin da ya karɓi ukun a dunƙule ya miƙa alƙalancinsa ga wanda ba a binciki cancantarsa ba.

Mai kare wannan hanya zai iya kafa hujja da cewa Halil ya cire wanda alƙali ya aika daga cikin waɗanda ake yin i'izari a kansu. Haka ne, amma masu sharhi sun misalta wannan aike da abubuwa irin su rantsarwa da tantance wurin da shaidu suka nuna. Dalilin togacewar shi ne wakilin yana madadin idon alƙali. Ido kuwa gani yake yi. Idan wakili ya dawo da maganar maƙwabcin da ya ce iyakar tana gabas da aduwa tun zamanin kakanni, wannan shaida ce ta wani mutum daban, wanda zai iya kasancewa ɗan'uwan mai ƙara ko abokin gabar wanda ake ƙara. Dole a ambaci sunansa, a ba wa wanda shaidar ta hau kansa damar soke ta. Haka ma da'awar hauzi na shekara goma: ba a tabbatar da ita da yawo a gona.

Gyaran bai buƙatar sabuwar doka. Alƙali ya rubuta wa wakili iyakar aikinsa, ya zaɓi adali masanin ƙasa wanda ba shi da kusanci da kowa, a je gonar a gaban ɓangarorin biyu, a karanta rahoton a zaman kotu, sannan a yanka ladan wakili tun farko, kada ya fito daga aljihun mutum ɗaya a ɓoye.

Muslim ya ruwaito daga Sayyidina Ali cewa Annabi (SAW) ya la'anci mai canza alamomin ƙasa. Buhari da Muslim kuma sun ruwaito azabar wanda ya ci ko da taƙi ɗaya na ƙasa bisa zalunci. Taƙin da rahoto maras bincike ya gusar, alƙalin da ya sa masa hannu ne za a tambaya a kansa. Allah ne Mafi sani.