Kiɗan Da Ya Kashe Biki: Nazari a Kan Waƙar Castamere a Labarin George R. R. Martin

Manazarta waƙar baka sun daɗe suna faɗa mana cewa ba a raba waƙar fada da muhallin da ake rera ta. A wannan ɗan sharhi za mu gwada wannan magana a kan wata waƙa da fadarta ba ta taɓa wanzuwa a bayan ƙasa ba, wato "The Rains of Castamere", wadda marubucin Amurka George R. R. Martin ya saƙa cikin jerin littattafansa na A Song of Ice and Fire, musamman na uku, A Storm of Swords, da ya fito a shekarar 2000.

Asalin waƙar tawaye ne. A ƙasar Westeros ta labarin, gidan Reyne na Castamere ya ga raunin ubangidansa, Tytos Lannister, ya ɗaga kai. Ɗansa Tywin, yana saurayi, ya ɗaura yaƙi. Mutanen Reyne suka fake cikin ramukan haƙar ma'adinai da ke ƙarƙashin gidansu, shi kuwa ya sa aka toshe ƙofofi, aka karkato ruwan rafi ciki, ba wanda ya fito. Sunan Reyne da kalmar Ingilishi ta ruwan sama furucinsu ɗaya ne, kuma a kan wannan wasa da harshe aka gina waƙar: ruwa yana zuba a kangon gida, masu gidan sun ƙare.

Abin da ya fara jan hankalinmu shi ne turken waƙar. Ɗalibin da ya saba da Narambaɗa zai sa ran jin yabo da kirari da jeren iyaye da kakanni, sannan zambo ya biyo baya a matsayin tubali. A nan kuwa zambon ne ya cinye waƙar duka. Ba a ambaci sunan Tywin ba, ba a yabi kyautarsa ko asalinsa ba. Mawaƙin ya ari bakin wanda aka hallaka, ya bar shi ya yi cika-bakinsa, sannan ya nuna mana kufai. Zambon da muka sani yana bukatar abokin hamayya mai rai wanda zai ji ya ƙuna. Wannan kuwa gawa ake yi wa, domin rayayyu su ɗauki darasi.

Saboda haka waƙar ta tashi daga matsayin waƙa ta koma take. Labarin ya nuna cewa da wani hakimi mai suna Farman ya fara taurin kai, Tywin bai aika masa da wasiƙa ba, makaɗi ya tura ya kaɗa masa ita a zaurensa, magana ta mutu nan take.

Inda Martin ya nuna gwaninta sosai shi ne bikin auren Edmure Tully da Roslin Frey. Robb Stark ya saɓa alkawarin auren 'yar gidan Frey, an shirya wannan biki da sunan sulhu, baƙi sun ci gurasa da gishirin mai gida, wanda a al'adar ƙasar amana ce da ba a ketawa. Ta idon Catelyn, mahaifiyar Robb, muke kallon komai. Tun farko ta lura makaɗan ba su iya kiɗa ba, mu ma muka ɗauka raha ce marubucin yake yi da rowar Walder Frey. Bayan an kai ango da amarya ɗaki sai kiɗa ya sauya. Babu wanda ya rera ko ɗa ɗaya, amma ta gane taken, kuma kafin ta yi wani abu makaɗan sun ajiye kayan kiɗa sun ɗauki baka, ashe maharba ne. Take ba ya bukatar baiti, mai ji ne ke cika sauran da abin da ya sani, kuma a wannan dare mai karatu da Catelyn tare suka cika shi. Da aka mai da labarin fim na Game of Thrones, Ramin Djawadi ya sa wa waƙar sauti, aka yi ta saka shi a kunnen masu kallo tun 2012, domin su ma su gane shi a 2013 lokacin da aka nuna bikin.

Akwai inda ba mu gamsu ba. Marubucin ya ba mu sarki da take da wanda aka yi wa zambo, amma mawaƙin da ya ƙirƙiri waƙar ya bar shi ba suna, ba fuska. Wanda ya san fada ya san makaɗi yana da nasa lissafi: yana roƙo, yana habaici, yakan ma juya wa ubangida baya. Wannan ɓangare na rayuwar waƙar ya salwanta.

Sai dai Martin ya san take yana tsufa. A bikin Sarki Joffrey mawaƙa sun yi ta maimaita ta don neman tukuici har tsohuwa Olenna Tyrell ta mai da ita abin ba'a, kuma a wannan zama aka sa wa jikan Tywin guba. Shi kansa Tywin bai kai ƙarshen littafin ba, ɗansa Tyrion ya harbe shi. Duk da haka a littafi na huɗu, na 2005, ɗaya ɗan nasa Jaime, da yake son Edmure ya miƙa garin Riverrun ba tare da yaƙi ba, mawaƙi ya bar masa a hema ya rera masa ita, Edmure kuwa ya miƙa garin.