Wasan Tazara: Jarin da Rahama Sadau Ta Tafi da Shi Legas

Duk inda aka tayar da zancen Rahama Sadau, a majalisun Tambuwal ko a shagunan masu tura fim a waya na Kebbe da Dogon Daji, hukunci biyu ake yankewa. Wasu su ce ta bar gida ta shiga duniya, magana ta ƙare. Wasu kuma, yawanci 'yan boko, su ce ai korar da aka yi mata ce ta zame mata alheri, domin sai da ta je Legas ta koyi wasa. Hukuncin farko a kan hali yake, kuma yana da masu shi. Na biyun ne ya dame ni, domin raini ne ga wata fasaha da matan Kannywood suka gina, wadda har yau ba a zauna an yi nazarinta ba.

Tarihin sananne ne. Kannywood ta fara da fim ɗin Turmin Danya a Kano a 1990, Sangaya ya kafa rawa da waƙa, gwamnatin Kano ta kafa Hukumar Tace Finafinai a 2001, aka ƙara ɗaure igiya bayan wani rikici da ya tashi a masana'antar a 2007. Rahama, 'yar Kaduna, ta shigo a 2013 ta hannun Ali Nuhu. A watan Oktoba na 2016 ƙungiyar MOPPAN ta kore ta saboda ta taɓa jikin mawaƙi ClassiQ a bidiyon wata waƙa. Ta ba da haƙuri, ta shirya Rariya a 2017, ta fito a Up North a 2018, ta shirya Mati a Zazzau a 2020. A watan Nuwamba na 2020 ƙura ta sake tashi kan wasu hotunanta, ta sake neman afuwa, sai ga ta a 2022 cikin fim ɗin Indiya Khuda Haafiz kashi na biyu. A lura da abu guda: a shekarar da aka kore ta ne tashar EbonyLife ta fara nuna Sons of the Caliphate, inda ta fito a matsayin Binta Kutigi. Ashe tun kafin kora Legas ta riga ta gano ta, alhali ba ta da wata makaranta sai shekara uku na fim ɗin Hausa.

To me ta koya a shekara ukun nan? Ta koyi wasan tazara. A fim ɗin Hausa namiji da mace ba sa taɓa juna, ko da miji da mata suka fito. Abin da 'yar wasan wata ƙasa za ta faɗa da runguma ko riƙe hannu, tamu dole ta faɗe shi daga nesa, kuma kayan aikinta huɗu ne.

Na farko tsayuwa. Nisan da ta bari tsakaninta da saurayi, da gefen da ta ba shi, su ke fara ba da labari kafin a buɗe baki. Idan ta fuskance shi gaba da gaba, rigima ce ko raini. Idan ta karkata kafaɗa ta bar masa rabin fuska, ta yarda ya ci gaba da magana. Taku ɗaya da ta matso yana ɗauke da abin da wani fim zai ɓata minti biyar yana nunawa.

Na biyu ido, kuma nan gwanintar take. Sunkuyar da kai iri-iri ne. Akwai na kunyar suruki, wanda wuya ke sauka gaba ɗaya. Akwai na budurwar da ta ji maganar da take jira, wanda kai ke ƙasa amma gefen baki ya tona asiri. Akwai na matar da aka yi wa kishiya ba a gaya mata ba, wanda ido ke kafe wa wuri ɗaya a ƙasa ba ƙiftawa. Wadda ba ta iya ba, duka ukun iri ɗaya take yi. Wadda ta iya kuwa ta san cewa ƙarfin yana wurin ɗagowa: daƙiƙar da za ta ɗaga ido ta dube shi, tsawon kallon, da saurin janye shi. Rahama ta fi yawancin tsararrakinta sanin wannan lokaci. Tana jinkirta ɗagowar har sai mai kallo ya ƙosa, sannan ta ba shi kaɗan.

Na uku mayafi. Jan gyale gaba rufe ƙofa ne, barin sa ya zame kafaɗa ba a gyara ba alamar hankali ya tashi, murza bakinsa da yatsu kuwa zuciya ce ke shawara. Na huɗu shiru, da "to" ɗin da ke biyo bayansa. Da kalmar nan guda mace kan amince, ta ƙi, ta yi barazana ko ta yanke ƙauna, gwargwadon yadda ta ja ta.

Mai kallo a Jabo ko Kuchi ba ya bukatar a fassara masa ko ɗaya daga cikin waɗannan, domin haka ake zance a ƙofar gida: budurwa na tsaye nesa kaɗan, ƙanwarta na kusa, kowa na karanta abin da ba a furta ba. Masu cewa komai na Kannywood kwaikwayon Indiya ne sun tsaya a rawa da waƙa. Farfesa Abdalla Uba Adamu ya yi rubutu mai yawa kan wannan tasiri, kuma ba mai musun sa. Amma jarumar Indiya tana rungumar jaruminta. Kawaicin da nake magana a kai daga zaurenmu ya fito.

A kalli Up North da wannan ido. Labarin ɗan bautar ƙasa ne daga Legas da aka tura Bauci, Banky W ya fito a matsayinsa. Salon Legas salon motsi ne da ɗaga murya, sai Rahama ta shigo da natsuwar da ta saba da ita, ta zama ita ido ke bi. Ba ita kaɗai ba ce shaida. Maryam Booth, wadda ita ma ta sha tata ƙurar a farkon 2020, ta karɓi kyautar AMAA ta jaruma mai taimakawa a ƙarshen shekarar, saboda fitowarta a matsayin Zainab a The Milkmaid, fim ɗin da Najeriya ta miƙa wa gasar Oscar. Matsayi ne na yarinyar da 'yan tayar da ƙayar baya suka sace har ta rungumi aƙidarsu, kuma yana bukatar fuskar da ke iya ɓoye abu tana nuna shi a lokaci guda. Maryam a Kannywood ta tashi tun tana ƙarama, a gaban mahaifiyarta marigayiya Zainab Booth.

Ra'ayina shi ne ƙa'idar da ake kuka da ita ce ta haifi mafi ingancin abin da fim ɗin Hausa ya mallaka. Da aka hana hannu magana, sai ido ya koya. Abin da ke ba ni tsoro yanzu shi ne finafinai masu dogon zango na YouTube, inda ake cika sa'a guda da surutu don a kai mako mai zuwa, jaruma na bayyana da baki duk abin da ke ranta. Ta wannan hanya fasahar za ta mutu ba tare da wata hukuma ta sa hannu ba.

Ina kira ga daraktoci su dawo da shiru cikin wasa, su ba jarumai mata lokacin yin aikinsu. Ina kuma kira ga ɗaliban Hausa na Jami'ar Usmanu Danfodiyo, waɗanda suka daɗe suna nazarin jigon finafinai da waƙoƙinsu, su juyo kan wasan kansa. Rahama Sadau da gwanintarta ta je Legas, kuma a fim ɗin Hausa ta same ta.