Suɗi da Ƙusoshin Ƙasa: Littafin Leburorin Gadarif da Rubutun 'Yan Dalit

Garin Gadarif yana gabashin Sudan, kusa da iyakar Habasha. Ƙasarsa baƙar laka ce, mai darewa da rani, mai danƙo da damina. Wajajen shekarar 1945 Turawan Ingila suka fara noman tarakta a Gadambaliya, kusa da garin. Daga nan gandaye suka yi ta faɗaɗa, har Gadarif ta zama rumbun dawa da riɗi na ƙasar Sudan. To, amma riɗi in ya nuna ba ya jiran kowa. Kwana kaɗan aka yi sakaci, sai kwanso ya fashe, ƙwaya ta zube ƙasa. Saboda haka kowace shekara dubban leburori sukan taho daga Darfur, da Kordofan, da Duwatsun Nuba, da Habasha, su yi noma, su yi yanka da lauje, a biya su, su watse. Sunan da ake kiransu da shi Jango, ba kuwa sunan girmamawa ba ne.

A shekarar 2009 wani marubuci mai suna Abdul'aziz Baraka Sakin, wanda aka haifa a Kasala a 1963, iyayensa kuwa mutanen yamma ne, ya fitar da ƙagaggen labari da Larabci a kan waɗannan mutane. Sunan littafin Al-Jango Masamirul Ardi, wato Jango, ƙusoshin ƙasa. A shekarar ce littafin ya ci lambar yabo ta Ɗayyib Salih. Ba a daɗe ba hukuma ta hana sayar da shi, ta ce akwai batsa a ciki. A 2012 aka ƙwace littattafan marubucin a baje kolin littattafai na Kartum, shi kuma ya bar ƙasar ya koma Ostiriya da zama.

Domin a auna wannan littafi da kyau, ya kamata a ajiye shi kusa da wani irin rubutu da ya fito daga Indiya, wanda ake kira adabin Dalit. A Indiya tun zamanin dā an raba mutane aji aji bisa ga haihuwa. A can ƙarƙashi akwai waɗanda aka ɗora wa shara, da kwasar bayan gida, da jan mushe, da jima, aka ce ko taɓa su ƙazanta ce. Kalmar Dalit tana nufin wanda aka murƙushe. Su ne suka zaɓar wa kansu wannan suna. Babban jagoransu, Dokta Ambedkar, wanda ya rayu daga 1891 zuwa 1956, ya jagoranci jama'arsa a garin Mahad a 1927 suka sha ruwa a tafkin da aka hana su. Shi ne kuma shugaban kwamitin da ya tsara kundin mulkin Indiya na 1950, wanda ya haramta ƙyamar taɓa mutum. Doka ta canja, zukata ba su bi ta da sauri ba. A ƙidayar 2011 an sami mutanen waɗannan azuzuwa sun haura miliyan 200.

An daɗe ana rubutu a kansu. Mulk Raj Anand ya rubuta labarin wani yaro mai shara a 1935, da Turanci, cikin tausayi. Amma shi ba ɗan gidan ba ne. Abin da ya bambanta adabin Dalit shi ne mai ciwon ne da kansa ya ɗauki alƙalami. Hausawa sukan ce mai ɗaki shi ya san inda ruwa ke zubar masa. Omprakash Valmiki ya rubuta tarihin rayuwarsa da harshen Hindi a 1997, ya sa masa suna Joothan. Ya faɗi yadda hedimasta ya sa shi sharar makaranta kwana uku maimakon zama a aji, da yadda uwarsa ta kifar da kwandon ragowar abinci a gidan biki, ranar da mai gidan ya wulaƙanta ta. Wata mace mai suna Bama ta rubuta Karukku da harshen Tamil a 1992. Ita Kirista ce, ta yi shekara bakwai a gidan sistoci, ta fito. Ta ba da labarin yadda tana yarinya ta ga wani dattijo na unguwarsu yana ɗauke da ƙunshin ƙosai ta igiyarsa, don kada hannunsa ya taɓa abincin mai gona. Ta yi dariya, sai wanta ya bayyana mata dalili, dariya ta koma fushi. Abin da ya fi ƙona mata rai kuwa, ta tarar da wannan bambanci har cikin ikkilisiya, inda ake wa'azin cewa duka ɗaya ne.

Littafin Baraka Sakin ya yi tarayya da waɗannan a abubuwa uku. Na fari, ya ɗauki sunan raini ya sa shi a bangon littafi. Tun daga farko ya nuna yadda sunan lebura ke canjawa da lokacin shekara: in yana yankan rake a gonakin sukari ana ce masa Katako, in yana ƙona gawayi ana ce masa mai gawayi, da damina da kaka kuma ya zama Jango. Bahaushe da ya ji Katako zai yi murmushi, amma abin lura shi ne mutumin ba shi da sunan kansa, sai na aikin da ake bukata a wurinsa.

Na biyu, ya bar mutanen suna magana da bakinsu. Labarin yana gudana ne a wani ƙauye da ake kira Hilla kurum, kusa da iyaka, a gidan wata mata, Addai, wadda kowa ke ce wa Uwa. Akwai Alam Gishi, Bahabashiya, akwai Wad Amuna, wanda ya girma a gidan yari domin an ɗaure uwarsa, akwai Safiya, wadda ke aiki kafaɗa da kafaɗa da maza. In wani abu ya faru, ba a ba da labarinsa sau ɗaya. Mutanen ƙauye sukan zauna, wannan ya faɗi nasa, waccan ta faɗi nata, labari ya rabu gida uku ko huɗu, marubucin kuma ba ya yanke hukunci. Wannan shi ne mafi ƙarfin abin da ke cikin littafin. Wanda ya taɓa zama a dandali bayan cin tuwon dare zai gane shi nan da nan. Mutanen da ba su da jarida, ba su da kotu, da hira suke ajiye tarihinsu.

Na uku, bai roƙi tausayi ba. Sa'ad da banki ya zo ƙauyen, ya ba manyan 'yan kasuwa rance, ya hana leburori, injuna kuma suka fara cinye aikin hannu, sai Jango suka tara ƙazanta a ƙofar bankin. Daga baya wasu suka ɗauki makamai, soja suka zo, mutane suka tsallaka Habasha. Mai karatu na iya yamutsa fuska, amma ya tuna da abin da ya faru a Jihar Gujarat ta Indiya a 2016. Bayan an yi wa wasu samarin Dalit bulala a garin Una saboda fiɗar mushen saniya, sai 'yan'uwansu suka kwaso mushe suka zube a ƙofar ofisoshin gwamnati. Wanda aka ɗora wa ƙazanta shekara da shekaru, wata rana yakan mayar wa mai ita.

Duk da haka akwai inda littafin ya gaza na Bama da na Valmiki. Mai ba da labarin ba Jango ba ne. Ma'aikacin gwamnati ne da aka kora daga aiki, ya zo ƙauyen da abokinsa suna yawon ganin ƙasa, da 'yan kuɗinsu a aljihu. Ko da ya shiga gona daga baya, idonsa na baƙo ne, baƙo kuwa abin mamaki yake fara hangowa. Don haka shafuffuka da yawa sun tafi a kan giya da kwana da mata, zafin yankan riɗi kuwa, da ciwon baya, da bashin da ke bin lebura daga kaka zuwa kaka, ba su sami fili daidai da nauyinsu ba. Iyaye da malaman makaranta suna da dalili in suka ce ba littafin yara ba ne. Sai dai wannan dalili bai wanke hukumar da ta hana shi ba. Gidajen giyar suna nan kafin a rubuta littafin, ladan lebura bai ƙaru ba ranar da aka ƙwace shi. Wanda ya karanta Littafin Mahukunta ya san faɗin mugun abu dabam yake da yabonsa.

Saura maganar fassara, wadda ita ce ta kai waɗannan littattafai duniya. Arjun Dangle ya tara rubuce-rubucen Dalit na harshen Marati aka buga da Turanci a 1992. Lakshmi Holmström ta juya Karukku zuwa Turanci a 2000, Arun Prabha Mukherjee ta juya Joothan a 2003. Adil Babikir ya juya littafin Jango zuwa Turanci a 2015, Xavier Luffin kuma zuwa Faransanci a 2020, har ya ci babbar lambar adabin Larabci a birnin Faris a wannan shekara. Ba don masu fassara ba, da hanin da aka yi a Kartum ya binne littafin. Wannan alheri ne, bai kamata a raina shi ba.

Amma kowace fassara tana da abin da take zubarwa a hanya. Bama ta rubuta da Tamil na unguwarsu, irin wanda masana ke ƙyama, kuma wannan zaɓi shi kansa tawaye ne. A Turanci ba a jin wannan bambanci sosai. Haka Larabcin kasuwa na Jango, gauraye da kalmomin Habasha da na yamma, yakan fito a fassara sumul kamar an yi masa guga. Ko sunan littafin ya taɓu. Mai fassarar Turanci ya ɗauki kalmar da ke nufin turke, na Faransanci ya yar da rabin sunan gaba ɗaya. Turke ana ganinsa a fili. Ƙusa kuwa ana dukanta a ka har ta nutse, ita ke riƙe da ƙofa, ba mai tuna ta sai ran da ta fita.

A nan ne Hausa take da abin da Turanci ba shi da shi. Masu fassara sun bar sunan Joothan yadda yake, gama ba kalma ɗaya ta Turanci da za ta ɗauke shi. Bahaushe yana da ita: suɗi, ragowar da wani ya ci ya bari a akushi. Ya san wa ake miƙa wa suɗi, ya san yadda ake karɓarsa. Karukku kuma reshe ne na wata itaciya 'yar'uwar giginya, mai haƙora gefe biyu kamar zarto. Bama ta haɗa shi da takobi mai kaifi biyu na Wasiƙa zuwa ga Ibraniyawa. Duk yaron da ya taɓa yankewa a gindin giginya ba ya bukatar bayani. Shekara da shekaru ana kallon finafinan Indiya a Kano da Zariya, yau har ana juya su zuwa Hausa, amma mai neman labarin mai shara na Indiya da Hausa zai sha yawo a kasuwa.

Ga shi kuwa akwai masu jin Hausa a Gadarif ɗin kanta. Kakanninsu sun taho ne a kan hanyar Makka, wasu kuma bayan yaƙin Burmi na 1903, lokacin da Mai Wurno ɗan Sarkin Musulmi Attahiru ya kai jama'arsa bakin Shuɗin Nilu. Ana kiransu Fallata ko Takari. Sun yi noma, sun yi ƙwadago a gandayen wasu. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1948 ta nemi mutum ya nuna kakanninsa suna Sudan tun kafin 1898, abin da ya wahalar da da yawa cikinsu. A watan Yuli na 2022, bayan Hausawan Jihar Shuɗin Nilu sun nemi sarautarsu ta gargajiya, rikici ya ɓarke, aka kashe mutum sama da 100, 'yan'uwansu suka fito zanga-zanga a Gadarif da Kasala da Kartum. An yi rubutu mai kyau a kansu. Mark Duffield ya buga nazarinsa a kan garin Mai Wurno a 1981, Bawa Yamba ya buga nasa a kan alhazan da suka zaune a hanya a 1995. Dukansu da Turanci ne, domin ɗaliban jami'a. Waƙa kuwa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Masu karanta wannan tari na maƙalu sun san darajar abu biyun nan. A wurin Dorugu, yaron da aka bautar aka kuma 'yanta, J. F. Schön ya rubuta labarin rayuwa da Hausa, aka buga shi cikin Magana Hausa a 1885. Littafi Mai Tsarki ya fito da Hausa cikakke a 1932, ya isa ƙauyukan da ba a taɓa ganin littafi ba. Da yawa cikin masu karatun nan sun san zafin sunan da wani ya laƙaba musu. Sun kuma san mahauci, da maroƙi, da jikan bawa, waɗanda akan yi ciniki da su amma a hana su aure. Littafin Bama yana tambayar ikkilisiya wanda ke zama a bencin gaba, da wanda ake binnewa a wancan gefen katanga. Littafin Jango yana tambayar mai gona nawa ya biya waɗanda suka yi masa girbi, tambayar da Wasiƙar Yakubu ta riga ta yi.

Sa'ad da Karukku ya fito, mutanen ƙauyen Bama sun yi fushi, suka hana ta shiga gari wata da watanni, don ta tona asirin gida. Daga baya samarin ƙauyen suka karanta shi, suka karanta wa dattawa, aka gane kai a ciki, aka karɓe ta. Littafin Jango ya je Faris ya dawo da lambar yabo. Tun daga Afrilu na 2023 yaƙi ya koro dubban mutane zuwa Gadarif, masu neman aikin yini suka ƙaru. Sauran tafiyar da ta rage wa littafin ita ce ta zuwa bukkar lebura a bakin gonar riɗi, inda wani mai ilimi zai zauna ya karanta shi da ƙarfi, da harshen da masu lauje ke ji, su kuma su faɗi inda marubucin ya yi daidai da inda ya yi kuskure.