Ranar da Ba Ta Cikin Mako

Marubuta labaran ƙirƙirarriyar duniya sukan zana taswira, su raɗa wa sarakuna suna, su ƙago yare. Kaɗan ne ke tsayawa su tambayi yadda mutanen wannan duniya ke ƙirga kwana. J.R.R. Tolkien ya tsaya. A ƙarshen juzu'i na uku na The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1955, ya ware rataye guda don kalandar ƙasar Shire, mazaunin gajerun mutanen nan da ake kira Hobbit.

Tsarin ba shi da wuya. Wata goma sha biyu ne, kowanne kwana 30, jimla 360. Sauran kwana biyar ba sa cikin kowane wata: biyu na bikin Yule a tsakiyar hunturu, uku a tsakiyar shekara. Duk wanda ya taɓa rubuta manhajar lissafin kwanan wata ya san inda gizo ke saƙar: idan aka raba 365 da bakwai, kwana ɗaya ke yin saura, shi ya sa ranar haihuwarmu ke gusawa kowace shekara. Mutanen Shire sai suka cire ranar tsakiyar shekara daga mako gaba ɗaya, ba ta Asabar ba ta Lahadi. Haka ma ƙarin kwanan da ke zuwa bayan shekara huɗu. Saboda haka kowace shekara tana farawa da Asabar ta ƙare da Juma'a, kalanda ɗaya ta ishe ka har abada.

A ganinmu, darajar wannan tsari tana cikin abin da yake faɗa mana game da masu shi. A duniyarmu an gwada irin wannan dabara. Elisabeth Achelis ta fara yaɗa wata kalandar duniya mai ranar da ba ta cikin mako tun 1930, maganar ta kai Majalisar Ɗinkin Duniya, amma a 1955 Amurka ta ƙi goyon baya, bayan koken masu addini cewa za a karya zagayen kwana bakwai na ibada. Mai zuwa masallacin Juma'a ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan damuwa. A Shire kuwa an yi gyaran ba tare da an ji wani rikici ba, domin Hobbit ba su da ranar ibada da za su kare. Abin da ya dame su shi ne biki da ciki, da kada wani abu ya canza. Kalandar ta zana halinsu fiye da shafi goma na siffantawa.

Har barkwanci ta haifa. Tun da babu watan da ke kamawa ranar Juma'a, idan ɗan Shire ya ce zai yi abu Juma'a ɗaya ga wata, to a cire rai.

Sai dai nan ne muke da ƙorafi. Wannan barkwanci yana ƙasan shafi ne a rataye, ba mu ji shi a bakin Sam ko Pippin ba. A cikin labarin kansa Tolkien ya mayar da sunayen watanni zuwa na Turanci da aka saba, ya bar Solmath da Halimath, waɗanda ya samo daga tsohon Ingilishi, a bayan littafi. Mai karatu zai ga an lalata Zoben ranar 25 ga Maris, ya ɗauka Maris ɗinmu ce, bai san a can Fabrairu ma kwana 30 take yi ba. Ya sauƙaƙa karatu, amma ya ɓoye mafi daɗin aikinsa inda kaɗan ne ke leƙawa.

Marubutanmu masu gina duniyar aljanu da masarautun ƙirƙira suna da abin ɗauka a nan, kuma suna da jari. Mun tashi muna ƙirga da Hijira da Miladiyya a lokaci guda, ga damina da kaka da ke mulkin gona, ga laƙabi irin su Watan Cika-ciki da Watan Azumin Tsofaffi. Mun san suna yakan fito daga abin da mutane ke yi a watan. Idan za ku ƙago kalanda, ku sa ta a bakin mai bin bashi da amarya mai ƙirga kwanaki, ku bar mu mu ji wanda take cuta da wanda take yi wa rana.