BABI NA HUƊU: MAI SHARHI DA ALƘALIN WASA A KARAWAR KANO PILLARS DA KATSINA UNITED

4.0 Shimfiɗa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan kalmomin da Hausawa suka ƙirƙiro ko suka aro domin wasan ƙwallon ƙafa. A wannan babi kuwa za a dubi mutanen da suke sarrafa waɗannan kalmomi a daidai lokacin da ake taka leda, wato masu sharhi na gidajen rediyo da talabijin, sannan a dubi yadda suke ɗaukar alƙalin wasa da mataimakansa a cikin zancensu. An zaɓi karawar Kano Pillars da Katsina United ne saboda tana cikin karawa mafi zafi a Arewacin Nijeriya, kuma a wurin da zuciya ta ɗauki zafi ne ake gane ainihin salon mai magana.

Mai wannan nazari ya saurari sharhin ne tare da jama'a a unguwar Gidan Igwai da ke cikin birnin Sakkwato, a teburan masu shayi da gidajen kallon ƙwallo, inda ake kama tashoshin Kano da na Katsina ta wayar hannu. Wannan wuri yana da amfani ga nazarin, domin ƙungiyar garin ita ce Sokoto United mai wasa a filin Giginya, ke nan yawancin masu sauraron ba su da wani ɗan gida a cikin karawar. Duk wani ra'ayi da suka tashi da shi bayan an tashi wasa, daga bakin mai sharhi suka same shi. Abin da babin yake son nunawa shi ne, mai sharhin Hausa ya gaji salonsa daga fagen dambe, salon da yake ƙawata zance idan aka yi shi a kan 'yan wasa, yake kuma zama haɗari idan aka juya shi kan alƙali.

4.1 Tushen Hamayyar

Gasa tsakanin Kano da Katsina ta girmi ƙwallon ƙafa nesa ba kusa ba. Tun kafin jihadin ƙarni na 19 biranen biyu sun gwabza yaƙe-yaƙe, sun kuma yi takarar jawo fataken da ke ƙetare Sahara. Ƙwallon ƙafa ya zo ne ya tarar da wannan tsohuwar gasa, sai ya ba ta sabon fage.

An kafa Kano Pillars a shekarar 1990, kuma ta ɗauki kofin gasar ƙasa sau huɗu, a 2008 da 2012 da 2013 da 2014. Ta kai wasan kusa da na ƙarshe a gasar zakarun Afirka a 2009, ta kuma ci kofin ƙalubale a 2019. Ta shafe kimanin shekara 12 ba a ci ta a gida ba a gasar ƙasa, har sai da Nasarawa United ta karya wannan tarihi a 2015. Taken magoya bayanta, wato "Sai Masu Gida", yana ɗauke da wannan ma'ana: baƙo bai zo Filin Wasa na Sani Abacha da ke Ƙofar Mata don ya ci ba. Katsina United kuwa, mai wasa a Filin Wasa na Muhammadu Dikko, ba ta tara kofuna kamar maƙwabciyarta ba, saboda haka cin Pillars a wurin magoya bayanta kamar ɗaukar kofi ne. A cikin irin wannan yanayi mai sharhi yake buɗe baki, alƙali kuma yake busa usur.

4.2 Mai Sharhi a Matsayin Magajin Sanƙira

Kafin zuwan rediyo Bahaushe yana da mai ba shi labarin karawa tun tana gudana. A fagen dambe da kokawa akwai makaɗi da ke kaɗa wa kowane ɗan wasa takensa, akwai kuma sanƙira da ke ɗaga murya yana kirari da zuga. A ƙasar Sakkwato babu wanda zai manta da Muhammadu Bawa Ɗan Anace da yadda ya ɗaukaka sunan Shago har ya kai inda Shago bai taɓa taka ƙafa ba. Idan aka saurari mai sharhin ƙwallo da kyau za a tarar da kayan aikin nan guda uku a bakinsa.

Na farko shi ne kirari da laƙabi. Mai sharhi ba ya wadatuwa da sunan yanka na ɗan wasa. Rabi'u Ali, wanda ya daɗe yana riƙe da kyaftin na Pillars, an fi saninsa da Pele, kuma da zarar ƙwallo ta zo ƙafarsa sai a ji muryar mai sharhi ta canza, ya bar ba da labari ya koma wasa gwani. Wannan ba a sharhin Hausa kaɗai ake samunsa ba. Marigayi Ernest Okonkwo na Rediyon Nijeriya, wanda ya rasu a 1990, ya yi fice wajen raɗa wa 'yan wasan da suka ci kofin Afirka na 1980 laƙabi, kamar "Mathematical" ga Segun Odegbami da "Chairman" ga Christian Chukwu. Sai dai a Hausa laƙabin yana da tsohon gida da ya fito daga ciki, shi ya sa yake zama daram a kunne.

Na biyu shi ne aron kalmomin yaƙi da na farauta. Ɗan gaba yana "kai hari", 'yan baya suna "gina katanga", ƙungiya tana "kai farmaki" ko a "yi mata ƙawanya", wanda aka ci da yawa kuma an "lallasa" shi ko an "yi masa kaca-kaca". Waɗannan siffantawa suna zana wa mai sauraro hoton filin a cikin 'yan daƙiƙu, kuma a nan ne gwanintar masu sharhin Hausa ta fi bayyana.

Na uku shi ne habaici da zambo ga abokin karawa. Kamar yadda makaɗin dambe yake gugar zana ga ɓangaren da ba nasa ba, haka mai sharhin Kano yake tsokanar Katsinawa, na Katsina kuma ya rama idan wasa ya zo gida. A teburin mai shayi a Gidan Igwai wannan ɓangare ne ya fi jawo dariya, domin ana ɗaukarsa kamar wasan barkwanci tsakanin maƙwabta.

Matsalar ita ce, sanƙira bai taɓa cewa shi ɗan ba-ruwanmu ba ne. Kowa a fagen dambe ya san ɓangaren da yake yi wa aiki, kuma kowa yana ganin damben da idonsa. Mai sharhi ya gaji zugar sanƙira, amma jama'a suna saurarensa a matsayin mai ba da labari na gaskiya.

4.3 Bambancin Rediyo da Talabijin

Hausawa suna cewa gani ya kori ji. Mai sharhin talabijin yana magana ne a kan hoton da mai kallo yake gani tare da shi, kuma idan aka maimaita hoton a hankali ƙarya ba ta da wurin ɓuya. A gidajen kallon ƙwallo na Gidan Igwai sau da yawa an ga 'yan kallo suna musa wa mai sharhi kai tsaye, domin abin da ya faɗa bai yi daidai da abin da suka gani ba. Saboda haka aikinsa bayani ne a kan abin da ido bai kama ba, kamar tsarin da koci ya shimfiɗa da dalilin canza ɗan wasa.

Mai sharhin rediyo kuwa shi ne idon mai sauraro baki ɗaya. Idan ya ce an yi ƙeta a cikin da'irar mai tsaron gida, to an yi ke nan, babu mai musawa. Da yake ba kowane wasan gasar Nijeriya ake nunawa a talabijin ba, nauyin da ke wuyansa ya fi na takwaransa. Abin lura shi ne, an taɓa sauraren wasa ɗaya daga tashoshi biyu a teburi ɗaya, sai masu sauraron suka tashi da labari biyu: wasu na cewa alƙali ya danne baƙi, wasu na cewa masu gida ya danne.

4.4 Alƙalin Wasa a Bakin Mai Sharhi

Kalmar da Hausawa suka zaɓa wa mai busa usur tana da nauyi. Ko da yake ana jin kalmar aro ta "rafali" a bakin matasa, a rediyo "alƙalin wasa" ake cewa. A gari irin Sakkwato, inda alƙalanci yake da tsohon tarihi a daula, kalmar tana tafe da tsammanin adalci, tana kuma tafe da zargin toshiyar baki idan hukunci bai yi wa mutum daɗi ba. Saboda haka kowace kalma da aka jingina wa alƙali ana auna ta da ma'aunin shari'a ne.

Za a iya kasa maganganun masu sharhi a kan alƙali zuwa mataki uku. Mataki na farko shi ne bayani: "alƙali ya busa", "mataimaki ya ɗaga tuta", "an ba da jan kati". Mataki na biyu shi ne fassara, inda mai sharhi yake faɗin dokar da aka yi aiki da ita, ko ya ce a ganinsa an yi kuskure. Mataki na uku shi ne yanke hukunci a kan niyyar alƙali, kamar a ce "ya kau da kai", ko "yau da shirinsa ya zo". Rauni mafi girma da aka lura da shi shi ne tsallake mataki na biyu. Daga busa usur sai zargi, ba tare da an bi ta kan doka ba.

Misali mafi bayyana shi ne satar gida. Doka ta 11 cikin dokoki 17 na wasan ta nuna cewa ana duba matsayin ɗan wasa ne a lokacin da abokinsa ya buga masa ƙwallo, ba a lokacin da ta iso gare shi ba. Haka kuma babu satar gida ga wanda yake cikin rabin filinsu, ko wanda ya karɓi ƙwallo kai tsaye daga jifa ko bugun kusurwa ko bugun gola, kuma tun 1990 wanda ya yi kafaɗa da kafaɗa da ɗan baya na biyu daga ƙarshe ba a ɗaukarsa ya yi sata. Mai sharhi yana bin ƙwallo da ido, don haka inda ta sauka yake gani, alhali mataimakin alƙali yana tsaye a kan layi yana kallon inda ɗan wasa yake tun kafin ta tashi. Haka nan Doka ta 5 ta ba alƙali damar barin wasa ya ci gaba bayan an yi ƙeta idan tsayarwar za ta amfani mai laifi. Wanda bai san wannan ba sai ya sanar da dubban mutane cewa alƙali ya kau da kai.

Ta fuskar nahawu ma akwai abin dubawa. Jimlar "alƙali ya soke ƙwallon" labari ce. Jimlar "alƙali ya hana mu ƙwallo" ƙara ce aka kai wa jama'a. Wakilin suna "mu" ya shigar da mai sharhi da mai sauraro cikin ƙungiya ɗaya, ya bar alƙali shi kaɗai a waje. Haka kuma amfani da "an", kamar a "an yi mana abin da aka saba", yana nuni ga wata maƙarƙashiya da ba a faɗi mai ita ba, kuma zargin da ba shi da suna ba shi da hanyar karewa.

Wannan ba yana nufin alƙalai ba sa kuskure ba. Hukumar ƙwallon ƙafa ta Nijeriya ta sha dakatar da alƙalai saboda rashin iya busa, kuma don rage kuskure ne aka shigo da na'urar VAR a gasar kofin duniya ta 2018. Mai sharhin da ba zai iya cewa an yi kuskure ba bai cika aikinsa ba. Abin da ake nema shi ne ya faɗi kuskuren tare da dokar da aka saɓa, ya tsaya a nan.

4.5 Abin da Zafin Baki Yake Iya Jawowa

A watan Afrilu 2022 an tashi wasan Pillars da Katsina United a Kano ba a kammala ba, bayan 'yan kallo sun kutsa cikin fili, aka kuma farfasa motar baƙi. Hukumar gasar ta ci Pillars tara, ta cire mata maki 3, ta mayar da wasanninta na gida Abuja. A ƙarshen wannan kaka ƙungiyoyin biyu duka suka faɗa rukuni na ƙasa, sai a 2023 suka dawo tare. A watan Oktoba 2025 kuma aka far wa alƙalai a Kano bayan Shooting Stars ta farke ci a ƙarshen lokaci, aka sake cire wa Pillars maki, aka tura wasanninta na gida Katsina.

Ba a cewa masu sharhi ne suka haddasa waɗannan rigingimu, domin akwai ƙarancin tsaro da sakacin shugabanni da sauran dalilai. Sai dai ɗan kallon da ya shekara yana jin cewa alƙali maƙiyi ne, a shirye yake shiga fili. Magana zarar bunu ce, kuma asarar a kan ƙungiyar da mai sharhi yake ƙauna take faɗawa.

4.6 Naɗewa

A wannan babi an ga cewa kirari da siffantawa da habaici su ne gishirin sharhin ƙwallo na Hausa, kuma gado ne daga makaɗa da sanƙirorin dambe. An kuma ga cewa salon yana lalacewa idan ya koma kan alƙalin wasa, musamman a rediyo inda mai sauraro ba shi da ido sai bakin mai magana. Shawarar da nazarin yake bayarwa ita ce gidajen watsa labarai su riƙa zaunar da tsohon alƙali kusa da mai sharhi domin fassara hukunci, a kuma samar wa masu sharhi dokokin wasan cikin Hausa mai sauƙi. Babi na gaba zai kawo taƙaitawa da kammalawar aikin baki ɗaya.