Kyanwa a Farkon Silima: Tsokaci Kan Fina-finai Biyu

Sau da yawa akan ɗauki fina-finan kyanwa na zamanin da silima ba ta magana a matsayin abin raha kawai. A ganinmu wannan hukunci yana bukatar gyara.

Mu dubi fim ɗin da kamfanin Edison ya yi a Amurka a 1894. An sa wa kyanwoyi biyu safar dambe, mai su yana tallafe da su, na'urar ɗaukar hoto kuwa tana kafe wuri guda. Nan kyanwa kayan wasa ce kurum.

A 1903, George Albert Smith na Ingila ya fito da The Sick Kitten, inda yara biyu ke ba 'yar kyanwa magani. Da cokali ya isa bakinta, sai ya yanke hoton ya matso da shi, har mai kallo na ganin tana lasa. A Grandma's Reading Glass na 1900, sai da ya fake da gilashin ƙara girman rubutu kafin ya yi haka. A nan bai nemi hujja ba.

Kyanwa ba ta ƙara wa motsinta gishiri domin na nesa ya gani, kamar yadda ɗan wasan dandamali ke yi. Tilas na'ura ta je inda take. Saboda haka muke ganin tarihin dabarar matso da hoto ba zai cika ba muddin an tsame kyanwa daga ciki.